Hasumiyar lokaci a ƙagaggen labari: abin da za ta iya da abin da ya fi ƙarfinta

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina rubuta labarin wata tsohuwar daula da na ƙaga, babban birninta a inda Damagaram take yau. Sarkin ya gina hasumiya domin duk ƙasarsa ta bi lokaci ɗaya. Yaya za a gina ta ta yi aiki da gaske, ba da tsafi ba? Daga unguwar Zango, Zinder.

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Hasumiyar za ta nuna zawali da tafiyar shekara, amma a garin da take tsaye kaɗai. Haɗa lokacin garuruwa masu nisa aikin masu kai saƙo ne, kuma a nan sarkinka zai sha wahala.

Fara da ginin. A kafa ginshiƙi a kan fa, irin duwatsun da ke Birni, don harsashi in ya zauna ko kaɗan, duk alamomin sun tashi aiki. Haka ta faru a Roma: dogon dutsen da Sarki Augustus ya kafa a shekara ta 10 kafin haihuwar Annabi Isa, marubuci Pliny ya ce ya yi shekara wajen 30 ba ya bayar da daidai, ana zargin girgizar ƙasa ko ambaliya. A daidaita filin da ruwa, a zana da'ira da igiya kewaye da gindin. A sa alama inda bakin inuwa ya taɓa da'irar da hantsi, a sa wata inda ya sake taɓa ta bayan azahar. Layin da ya tashi daga gindin ya ratsa tsakiyar alamun biyu shi ne kudu da arewa. Inuwa ta hau kansa, zawali ya yi.

Zinder tana wajen digiri 14 arewa da tsakiyar duniya. Ginshiƙi mai mita 10 zai ba da inuwar zawali ta mita 7.6 wajen arewa a 21 ga Disamba, kamar mita 2.5 a ƙarshen Maris da Satumba, sannan mita 1.7 wajen kudu a 21 ga Yuni. Ka lura, inuwar tana sauya gefe, don haka layin sai ya miƙa ta ɓangare biyu. Sau biyu a shekara, ƙarshen Afrilu da tsakiyar Agusta, rana tana tsayawa tsaka, ginshiƙin ya rasa inuwa. Na Afrilu ya dace da bikin sabuwar shekarar daularka, ga shi damina na ƙaratowa.

Kada ka ɗauka tsawo ne ke kawo daidaito. Rana tana da faɗi, saboda haka bakin inuwa yana dishewa kusan santimita 1 a kowace mita ta tazara. Hasumiyar mita 30, bakin inuwarta ya fi taƙi guda a dishe, masu duba biyu sai su yi gardama. Maganinsa a ɗora dunƙulen ƙarfe a kanta, ko farantin tagulla mai ƙaramar huda, a riƙa bin ɗigon haske. In kuma kana son sa'o'i masu tsawo ɗaya duk shekara, miƙaƙƙen ginshiƙi ba zai yi ba. Sai gini mai gangara da ke kallon tauraron arewa, a karkace digiri 14. Masanin taurari Ibn Shaɗir ya yi irinsa a masallacin Umayyawa na Dimashƙa wajen 1371.

Yanzu babbar matsalar. Kowace digiri ɗaya gabas ko yamma, zawali yana bambanta da minti 4. Diffa tana riga Zinder da kusan minti 15, Yamai tana bayanta da kusan minti 28. A ce an kaɗa tambari a fada da zawali, masu ganga a jere suna karɓa. Sauti yana cin kilomita 1 a sakan 3, Yamai kuwa wajen kilomita 750 ne a miƙe, wato minti 37 da rabi ko da babu wanda ya yi jinkiri. Kafin saƙon ya isa, zawalinsu ya wuce. Wuta a kan tsauni ko walƙiyar madubi sun fi sauri nesa ba kusa ba, sai dai hazon hunturu yana rufe su kwanaki a jere.

Abin da zai yi aiki shi ne kowane babban gari ya samu ƙaramin ginshiƙinsa da mai kula da shi, a rubuta masa mintocin da zai ƙara ko ya rage don ya dace da fada. Da dare da ranakun hadari a koma ga agogon ruwa: ƙwarya ko tasa mai huda da ke nutsewa a baho, ana ƙirga nutsewar. Ruwan sanyi yana ratsa huda a hankali fiye da na bazara, datti kuma yana toshe ta, don haka a gyara ƙirgen a kowane zawalin da aka ga rana.