Amsa ga ɗana mai son yanke sunansa don ya shiga fasta

Assalamu alaikum ɗana. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, ya karatu, ya kuma jama'ar ƙungiyarku ta wasan kwaikwayo?

Saƙonka ya iso. Ka ce daraktanku ya ce sunanka ya yi tsawo a fasta, gara ka ajiye na mahaifinka ka ƙirƙiro wani gajere mai daɗin faɗi, wai haka 'yan wasan Amurka suke yi tun da can. Kana tambaya ko da gaske al'adarsu ce, kuma ko akwai abin kunya in ka bi. Ka kyauta da ka fara tuntuɓata kafin maganar ta kai kunnen Yaya, mahaifinka, don ka san halinsa.

Al'adarsu ce, babu musu. Sai dai daraktan naku rabin labarin ya ba ka. Bari in ba ka labarin mutum guda, shi ya fi dogon bayani.

Sunansa na yanka Mladen Sekulovich, an haife shi a Chicago a 1912. Ubansa Basabiye ne, wato ɗan ƙabilar Sabiya ta Turai, da ya yi ƙaura zuwa Amurka, uwarsa kuma 'yar asalin ƙasar Czech. Ya tashi a Gary ta jihar Indiana, garin da kamfanin U.S. Steel ya kafa a 1906 don masana'antar ƙarfe, kuma har ya shiga makaranta yaren Sabiya kawai yake ji. Uban ya yi aikin ƙarfe, ya yi rabon madara gida-gida, amma mutum ne mai son waƙa da wasa, shi yake shirya wa 'yan ƙabilarsu wasannin kwaikwayo a cocinsu. A nan yaron ya fara hawa dandamali. Da ya gama sakandare a 1931 sai shi ma ya shiga masana'antar ƙarfen, ya yi shekara uku yana tara ɗan abin da ya samu, sannan a 1934 ya tafi makarantar koyon wasa ta Goodman a Chicago. Sau biyu hancinsa na karyewa wajen wasannin motsa jiki tun yana saurayi, har ya zama wani dunƙulallen abu a tsakiyar fuskarsa. Shi da kansa ya san da wannan hanci ba za a taɓa ba shi jarumin soyayya ba.

Da ya isa New York sai ya faɗa cikin ƙungiyar Group Theatre, ya fito a wasansu Golden Boy a 1937. A irin wannan lokaci ne aka matsa masa ya gajarta sunan don ya shiga allon ƙofar gidan wasa. Cikin masu ba shi shawarar har da darakta Elia Kazan, wanda shi ma baƙo ne, Bagirke haifaffen Istambul, kuma sunan gidansu Kazantzoglou ne kafin a datse shi. Yaron ya zaci neman dalilin korarsa ake yi, sai ya ƙi ba su ƙofa. Ya juya haruffan Mladen suka koma Malden, ya ari Karl daga sunan kakansa. Karl Malden ke nan.

Ka lura da zamanin. A 1924 Amurka ta yi dokar da ta taƙaita shigowar baƙi daga kudanci da gabashin Turai ƙwarai. Ɗan Sabiya, ɗan Italiya, Bayahuden Rasha, duk kallon bare ake yi musu, kuma masu gidajen wasa da kamfanonin fim suna tsoron kada sunan da ke ƙamshin baƙunta ya kore musu 'yan kallo. Shi ya sa Issur Danielovitch ya zama Kirk Douglas, Bernard Schwartz ya zama Tony Curtis, Julius Garfinkle ya zama John Garfield. Waɗannan ba don ado suka yi ba, neman abinci ne a ƙasar da ake ƙyamar asalinka. Akwai kuma dalili na biyu, na ƙa'ida: ƙungiyar 'yan wasan fim ɗinsu ba ta yarda mambobi biyu su yi aiki da suna iri ɗaya ba. Michael Keaton, alal misali, sunansa na ainihi Michael Douglas, amma ya tarar wani ya riga shi. To kai wanne ne ya same ka a cikin biyun? Wa yake ƙyamar sunan gidanmu a inda kake? Wace ƙungiya ce ta ce wani ya riga ka?

Abin da ya fi taɓa ni a labarin Malden shi ne abin da ya biyo baya. Canjin sunan bai taɓa kwanta masa a rai ba, musamman saboda mahaifinsa. Sai ya ɗauki wata ɗabi'a: duk inda ya samu dama a fim, sai ya cusa sunan Sekulovich. A On the Waterfront na 1954, ana kiran sunayen jami'an ƙungiyar ƙwadago a gaban hukumar bincike, sai ka ji Mladen Sekulovich. A Birdman of Alcatraz, inda ya fito a shugaban gidan yari, sunan na cikin jerin fursunoni. A Patton na 1970 ya fito a Janar Omar Bradley, ana tsakiyar ruwan wuta ya juya ya ce wa wani soja ya miƙo masa hular kwano, ya kira shi da Sekulovich. A shirin talbijin The Streets of San Francisco, da ya gudana daga 1972 zuwa 1977 tare da Michael Douglas yana matashi, har ɗan sanda aka ajiye a ofishin mai wannan suna. Mutum ya kai ƙololuwar sana'arsa, amma yana bin lungu-lungu yana mayar da abin da ya ajiye a ƙofar gidan wasa yana saurayi.

Kuma kada ka ɗauka sabon sunan ne ya ɗaga shi. Shekara goma ya yi yana ƙananan fitowa, har da hidimar soja a Yaƙin Duniya na Biyu, kafin a ba shi Mitch a wasan Tennessee Williams, A Streetcar Named Desire, a 1947. Ba shi ne jarumi ba, Marlon Brando ne. Mitch wani ƙaton mutum ne mai kunya da ke jinyar mahaifiyarsa, ya kamu da son matar da ke ɓoye masa shekarunta da tarihinta. Nemi fim ɗin na 1951 ka kalli wurin da ya gano gaskiya, ya fizge murfin takardar da ta rufe ƙwan lantarki da shi don ya ga fuskarta da kyau. Dubi hannunsa, dubi yadda fushi da kunya da tausayin kai suke kokawa a fuska ɗaya. Wannan ne ya ba shi lambar Oscar ta mataimakin jarumi a 1952. Sannan ka kalli limamin cocin da ya fito a On the Waterfront, yana tsaye a cikin ramin jirgin ruwa kan gawar ɗan dako, 'yan daba na jifansa daga sama har da gwangwani, goshinsa na jini, bai fasa wa'azinsa ba. Irin su ne ke riƙe fim: masu fitowa a uba, a limami, a ɗan sanda, a mugu. Jarumi yana tsufa a daina nemansa, su kuwa tsufan ma ƙara musu kasuwa yake. Malden ya samu Emmy, lambar yabo ta shirye-shiryen talbijin, a 1985, ya shugabanci hukumar da ke ba da Oscar daga 1989 zuwa 1992, ya rasu a 2009 yana da shekara 97. Aurensa da matarsa Mona ya haura shekara 70, abin da a Hollywood ya kusa zama abin al'ajabi.

Yanzu mu dawo gida. Kada ka ce Baffa ya ce laƙabi haramun ne, ban faɗa ba. Mu ma muna da namu. Usman Baba Pategi duk ƙasar nan Samanja ta san shi da shi, marigayi Rabilu Musa kuwa Ɗan Ibro, Allah ya jiƙansu. A gida ma wa yake kiran kowa da sunan yanka? Ga Ɗanjuma, ga Tanko, ga Auta, ga Abba da Ummi da ake yi wa alkunya don sun ci sunan manya. Hatta manyanmu na boko da yawa sunan gari suka ɗauka a makaranta, irin su Aminu Kano da Shehu Shagari da Abubakar Tafawa Ɓalewa. Amma duk wannan ɗorawa ake yi a kan suna, ba a goge na ƙasa. Kowa ya san Ibro shi ne Rabilu ɗan Musa. Kuma yawanci jama'a ne ke laƙaba maka bayan aikinka ya shiga ransu, ba kai za ka zauna da darakta ku ƙera shi kafin ka taka dandamali ba. Cire sunan uba a sa na wani a gurbinsa kuwa, ka san abin da Suratul Ahzab ta ce game da kiran mutane da sunan ubanninsu, je ka tambayi malaminku ya ƙara maka bayani. Mutanenmu kuma suna cewa suna linzami ne.

Shawarata, a rubuta sunanka da na mahaifinka a fastar. In wuri ya yi kaɗan, a cire na kaka, ko a rage girman haruffa, ai ba da zinare ake buga su ba. In 'yan kallo suka laƙaba maka wani abu daga baya, kuma ba na banza ba ne, ka karɓa da hannu biyu. In darakta ya nace, ka tambaye shi cikin ladabi wane ne cikin dalilan nan biyu na Amurkawa ya shafe ka.

Batun shigarka wasan ma gaba ɗaya, kai za ka faɗa wa Yaya da bakinka, kada ya ji a waje. In ka zo hutu ka biyo ta nan mu je tare. Ka sanar da ni ranar da za ku yi wasan, in ƙafar nan ta bar ni zan zo. Gwaggonka tana gaishe ka.

Baffanka.