Tambaya da Amsa: Dole ne mai kyamara ya tsaya a fanni ɗaya?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Yaya, ina gaisuwa. Ni ɗaukar bidiyon biki nake yi yau shekara huɗu, wani lokacin suna ko saukar karatu, kwanan nan ma na ɗauki waƙa biyu, amma burina fim. To abokaina sun dame ni wai mai kyamara na gaske fanni ɗaya yake riƙewa, in ba haka ba ba zan taɓa yin suna ba. Don Allah gaskiya ne?
Daga wani mai karatu a Zariya

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanena. Da alama abokan nan naka ba su taɓa jin sunan Roger Deakins ba, Baturen Ingila da aka haifa a garin Torquay a 1949, wanda yau in ana lissafa masu ɗaukar fim na duniya da wuya a kai na uku ba a ambace shi ba. Shi fa ba da fim ya fara ba, dokumentari ya fara yi, wato ɗaukar abin da ke faruwa a zahiri, ya shafe wajen wata tara a jirgin ruwan tseren zagaya duniya yana ɗauka, ya zo Afirka ya ɗauki yaƙin Zimbabwe da na Eritrea, ya yi bidiyon waƙoƙi kamar yadda kake yi yanzu. A aikin dokumentari ba wanda zai ce a maimaita, in abu ya wuce ka ya wuce, kamar dai lokacin da amarya ta fashe da kuka za a fita da ita kai kuwa kana can kana canza batir.

Da ya shiga fim kuma bai bar komai ba, na gidan yari (The Shawshank Redemption, 1994), na kisan kai cikin dusar ƙanƙara (Fargo, 1996), na James Bond (Skyfall, 2012), har masu katun na WALL-E sai da suka nemi shawararsa kan haske.

Ni wanda ya fi tsaya min a rai shi ne 1917, fim ɗin yaƙin da aka shirya kamar a ɗauka ɗaya aka yi shi ba yanka. Tunda kyamara na juyawa ko'ina ba wajen ɓoye fitilu a fili, kuma ba ya son a ga rana a nan gajimare a can, sai su zauna jiran hadari ya rufe rana, yana rufewa kowa ya zabura a ɗauka. Wajen da sojan ke gudu da dare a rusasshen gari kuwa sai da suka ƙera ɗan ƙaramin garin tukuna, suka gwada inda inuwa za ta faɗa in an harba wutar haske sama. Duk labarin ne ya jawo wannan wahalar, ba wai yana da wani salo da yake liƙa wa kowane fim ba.

Maganar suna kuma, sau 13 ana saka shi takarar Oscar, babbar lambar yabo ta masu harkar fim, yana faɗuwa, sai a 2018 ya ci da fim ɗin Blade Runner 2049 yana dab da shekara 69, ya sake ci a 2020 da 1917 ɗin.

Don haka kar ka ajiye biki, shi ke kawo kuɗin cefane ma ai. Bikin da za ka je na gaba dai ka kashe fitilar kan kyamara sau ɗaya, ka zaunar da amarya kusa da taga, ka turo min in gani.