Wace manhaja zan riƙa duba yanayi da ita kafin in tashi jirgi?

Tambaya: Malam barka da aiki, ina koyon tuƙin jirgi a kwalejin NCAT ta Zariya, kullum ina ganin matuƙan Amurka a YouTube da ForeFlight, ni kuma Android ce wayata. In sayi iPad ne ko akwai wata hanya?

Amsa: To ɗan'uwa Allah ya ba da sa'a. ForeFlight dai manhajarsa a iPhone da iPad kaɗai take aiki, kuma duk shekara ake biya da dala, don haka kafin ka zuba kuɗinka ka sani cewa taswirar hadari mai launi-launi da kake gani a bidiyonsu suna sama, tashoshin ƙasa na ADS-B (tsarin bin sawun jirage) ne ke turo musu ita ta tsarin FIS-B mai aika wa jirage bayanan yanayi, shi kuma a Amurka ake watsa shi, a nan ba za ka same shi ba.

Abin da ka fi buƙata yanzu kyauta ne ma. Shiga aviationweather.gov a wayarka, rubuta lambar filin jirgi, kamar DNKN na Kano ko DNAA na Abuja, METAR da TAF za su fito. METAR awon da aka yi ne a filin jirgin duk awa ɗaya ko rabin awa, TAF kuma hasashe ne, a manyan filaye yakan kai awa 24 zuwa 30. Da hunturu in ka ga 0800 DU a METAR, ƙura ce ta tashi har ba a hango abin da ya wuce mita 800. Manhajar Windy ma tana da kyau wajen ganin yadda iska ke kaɗawa, amma lissafin kwamfuta ne ba awo ba.

Abin da nake roƙonka shi ne ka riƙa duba lokacin rahoton kafin komai. 151300Z na nufin ranar 15 ƙarfe 1 na rana agogon duniya na UTC, wato ƙarfe 2 a Najeriya. In natuwok ya yi rauni manhaja tana iya ci gaba da nuna maka rahoton safe, kai kana ganin sabo ne, alhali da damina hadari kan haɗu cikin ɗan lokaci, wallahi wannan ya fi komai tayar min da hankali game da manhajojin nan. Kuma duk kyawun manhaja, bayanin hukuma daga NiMet yake, wato hukumar kula da yanayi ta Najeriya, NOTAM kuma, wato sanarwar gargaɗi ga matuƙa, daga NAMA mai kula da sararin samaniyar Najeriya, ka karɓa ka zauna da malaminka ku duba tare.

In har za ka sayi iPad ɗin, ɗauki mai shan sim, don mai Wi-Fi kaɗai ba shi da GPS a ciki, kuma kar ka bar shi a rana cikin jirgi, in ya yi zafi dakatar da aiki yake har sai ya huce.