Me ya sa ake cewa Sam Cooke ne ya share wa waƙoƙin soul hanya?

Tambaya: Na saurari wasu waƙoƙin Sam Cooke, irin su "You Send Me", sai na ji su da taushi ƙwarai, babu zafin da na saba ji a muryar Otis Redding ko Aretha Franklin. Da wane dalili ake ba shi wannan matsayi?

Amsa: Malam, kunnenka bai yi maka ƙarya ba, sai dai ɓangare guda na mutumin ka ji, wato wanda kamfanonin faifai suka fi son a ji.

An haifi Sam Cooke a garin Clarksdale na jihar Mississippi a 1931, ya tashi a Chicago, mahaifinsa kuma mai wa'azi ne a coci. A 1950, yana ɗan shekara 19, ya gaji R. H. Harris a matsayin jagoran Soul Stirrers, ɗaya daga cikin manyan ƙungiyoyin waƙar yabon Ubangiji na baƙar fatar Amurka. A can ya koyi jan murya da karya ta a tsakiyar kalma, da yadda mawaƙi ke jefa baiti jama'a su yi masa amshi. Soul kuwa ba komai ba ne illa ɗaukar wannan salo na coci a ɗora shi a kan zancen soyayya da wahalar rayuwa, kuma a zamanin abin kunya ne ga mawaƙin coci ya yi haka. Shi ya sa da ya fara gwada waƙar duniya ya fake da sunan Dale Cook, amma muryarsa ta tona masa asiri. Da "You Send Me" ta hau matsayi na ɗaya a 1957, mawaƙan coci da dama suka ga cewa hanyar tana ɓullewa.

Taushin da ka ji da gangan ne. A Amurka ta lokacin wariyar launin fata, kuɗi suna wajen gidajen rediyo da wuraren shaƙatawa na fararen fata, don haka ya sassauta muryarsa domin a buɗe masa ƙofa. Idan kana son jin ɗaya ɓangaren, nemi faifan wasan da ya yi a Harlem Square Club da ke Miami a Janairun 1963, a gaban baƙaƙe 'yan'uwansa. Muryar ta dushe saboda ƙarfin waƙa, yana tsayawa ya yi wa mutane magana, su kuma suna ihu suna karɓa masa. Kamfanin RCA mai fitar da faifansa ya ga faifan ya yi kaushi da yawa, ya ajiye shi har 1985. A ganina wannan jinkiri ya rage masa daraja a idon masu sauraro na tsawon shekaru, domin babu faifan da ya fi shi nuna abin da Otis Redding ya ɗauka daga gare shi.

Akwai kuma maganar mallaka. Shi yake rubuta yawancin waƙoƙinsa, kuma tare da abokin aikinsa J. W. Alexander ya kafa kamfanin faifai na SAR da kamfanin kula da haƙƙin waƙa na Kags, a lokacin da mawaƙa baƙaƙe ba safai suke cin moriyar guminsu ba. A SAR ne mawaƙin soul Bobby Womack da 'yan'uwansa suka samu gindin zama.

A Oktoban 1963 wani otal a Shreveport, jihar Louisiana, ya hana shi ɗaki saboda launin fatarsa, da ya yi ƙorafi kuma 'yan sanda suka kama shi. Bayan 'yan watanni ya ɗauki waƙar "A Change Is Gonna Come" a faifai, wadda masu fafutukar 'yancin baƙar fata suka runguma. Ranar 11 ga Disamba 1964 matar da ke kula da wani masauki a Los Angeles ta harbe shi har lahira, yana da shekara 33. Hukuma ta ce kare kai ta yi, danginsa kuwa ba su taɓa gamsuwa da wannan hukunci ba.