Tambayoyinku kan Wikipedia: "Na fassara muƙala goma sha biyu, an goge bakwai"

Assalamu alaikum. Saƙonnin wannan makon duk a kan gyaran Wikipedia suka taru, musamman shafukan kimiyya da injiniyanci, don haka na haɗa su wuri guda.

Malam, na danna wurin gyara a wayata sai aka ce an toshe adireshina, alhali ban taɓa gyara ko wasali ba. (Wani mai karatu daga Kano)

Ba kai aka toshe ba, ɗan'uwa. Kamfanonin waya suna raba adireshin intanet ɗaya ga mutane masu yawa, wani ya yi ɓarna, hukuncin ya faɗa kanku duka. Kashe VPN ɗin da na san ka kunna, wato manhajar da ke ɓoye ainihin adireshinka na intanet, domin Wikipedia tana hana gyara ta irinsa. In da Opera Mini kake, koma Chrome ko Firefox. Sannan ka buɗe asusu ka riƙa shiga da sunanka. In har yanzu ya ƙi, saƙon toshewar yana ɗauke da hanyar ɗaukaka ƙara, ka karanta shi har ƙarshe.

Ni ɗalibin injiniyan lantarki ne. A mako ɗaya na fassara muƙala goma sha biyu daga Turanci zuwa Hausa da manhajar fassara ta Wikipedia, amma an goge bakwai, wai ba a gane su. Wannan ba hassada ba ce? (Wani ɗalibi daga Zariya)

Ƙanena, ba hassada ba ce. Muƙalar lantarki goma sha biyu a kwana bakwai, ga lacca, ga cin abinci, ga barci? Kai ma ka san ba kai ka fassara su ba. Ka danna, na'ura ta zuba, ka wallafa. Wannan abu ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya, don haka ka gyara zama.

Na'urar fassara tana ƙoƙari a labarin yau da kullum, amma a kimiyya kalma ɗaya takan ɗauki ma'anar da ba ita ce ta kasuwa ba. Na taɓa buɗe wani shafi a kan yadda wuta ke bin waya, na tarar an rubuta cewa tagulla "kwandasta ne mai kyau". Na'urar ta ga kalmar da Bature ke kiran ƙarfen da wuta ke ratsawa, ta ɗauka yaron mota ake nufi. A sakin layi na gaba, kwararar lantarki ta koma "na yanzu", saboda kalma ɗaya ce a Turanci. Haka tashar samar da wuta ke komawa "shukar iko", ƙwayar halitta ta koma "ɗakin kurkuku". Ka yi tunanin yarinya 'yar sakandare a Gumel ko Tasawa, ba ta da littafi, ta ari wayar yayanta don ta fahimci darasin gobe, ta faɗa kan wannan. Ita ba za ta ce na'ura ce ta yi kuskure ba. Cewa za ta yi kimiyya ta fi ƙarfin kanta, ko kuma Hausa ba ta iya ɗaukar kimiyya. Wannan ɓarnar ce ke ɓata mini rai.

Kalmomi ma da sauƙi, don mai karatu yakan ji abin bai zauna ba. Lambobi da ma'auni su ne ke kisan mummuƙe. Ɗauki madatsar ruwa ta Kainji da ke kan kogin Neja, wadda aka kammala a 1968. Ƙarfin injinanta takwas megawat 760 ne (megawat ɗaya wat miliyan ne). In ka ga an rubuta "tana samar da megawat 760 a shekara", to an yi kwaɓa. Wat yana auna ƙarfin fitar wuta a kowane lokaci, kamar ƙarfin zubar ruwa daga bakin famfo. Abin da ya taru a bokiti bayan awa ɗaya shi ne kilowat-awa, wato yunit ɗin da kake saya ka loda a mitar gidanku. Kai da ke karatun lantarki ka san wannan tun shekarar farko, amma da yake ba ka karanta abin da ka wallafa ba, saninka bai amfani kowa ba. Haka zafin jikin mutum: 98.6 a ma'aunin Farenhait shi ne 37 a ma'aunin Salsiyos. In alamar ma'aunin ta faɗi a hanya, ka rubuta wa mutane cewa jikinsu ya kusa tafasa.

Kada ka ce ƙaramin abu ne. A 1999 hukumar binciken sararin samaniya ta Amurka, NASA, ta yi asarar kumbon Mars Climate Orbiter da ta aika duniyar Mars, saboda wani ɓangare na injiniyoyi ya ba da lissafin ƙarfin turi da ma'aunin fam, ɗaya ɓangaren ya karanta shi a matsayin niyuton. Manyan ƙwararru ke nan, ma'auni ya kā da su.

An kuma ga inda irin wannan sakaci ke kai harshe. A 2020 aka gano cewa wani matashi Ba'amurke da bai iya harshen Sikots na Sikotlan ba shi ya rubuta kaso mai tsoka na Wikipedia ta harshen, ya yi shekaru yana yi da kyakkyawar niyya. Masu harshen suka koma sharewa da gogewa. Mu namu ya fi haɗari ta wata fuska: na'urorin fassara daga rubutun da ke intanet suke koyon Hausa, Wikipedia kuwa tana cikin manyan wuraren da suke ɗiba. In muka zuba musu gurɓatacciyar Hausa, ita za su dawo mana da ita gobe.

Ga abin da za ka yi. Rubuta wa mai gudanarwar da ya goge su a shafinsa na tattaunawa, cikin ladabi, ka roƙi ya mayar maka da guda ɗaya shafin gwajinka, inda kake rubutu kafin ka wallafa. Guda ɗaya na ce. A cikin manhajar fassara, kowane sakin layi yana da zaɓin ka fara da fili babu komai. Zaɓi wannan. Karanta Turancin, ka kau da kai, ka faɗe shi da bakinka kamar kana yi wa ƙanenka bayani a tsakar gida, sannan ka rubuta. Manhajar tana gargaɗi in ta ga ba ka taɓa fassarar na'ura ba, kuma na san dabarar da kuke yi ta canza kalma biyu-uku don gargaɗin ya ɓace. Ku daina.

Inda ba mu da kalma, kada ka ƙirƙiro wadda kai kaɗai za ka gane. Batir, janareta, taransifoma, injin, duk sun zama namu, masu gyaran wuta a kasuwa da su suke aiki. Leƙa Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero, ka tambayi mai sana'ar, in ya zama dole ka aro kalmar ka bi ta da jimla ɗaya ta bayani. Ni ina da ɗan littafi da nake rubuta kalmar da na zaɓa wa kowane abu, don kada in kira shi suna uku a shafi ɗaya. Kuma ba na wallafa komai sai na karanta wa wani da bai yi kimiyya ba, da murya. Inda ya ɗaga gira, nan aiki yake. Ka ɗauki wannan ɗabi'ar.

Daga Faransanci nake fassarawa, sai wani ya ce lambobina duk kuskure ne. (Wata malama daga Maraɗi)

Da gaskiyarsa ta wani ɓangaren, Malama. Faransawa waƙafi suke sa wa inda masu Turanci ke sa aya, don haka 3,14 ɗinku shi ne 3.14 ɗinsu, mai karatu a Katsina kuwa zai iya ɗaukar 1,500 a matsayin dubu da ɗari biyar, alhali ke ɗaya da rabi kike nufi. Bi salon da shafin yake kai tun farko. Babban tarkon shi ne manyan lambobi: "milliard" na Faransanci shi ne biliyan, "billion" nasu kuwa tiriliyan ne. In kin yi shakka, rubuta sifilan duka ki ƙirga.

Na ɗauko hoton injin nika daga Google na ɗora, an cire. (Wani daga Sakkwato)

Hoton na wani ne. Wikimedia Commons, rumbun hotunan Wikipedia, ba ta karɓar hoto sai wanda mai shi ya sake shi kyauta ga kowa. Injin nika yana bakin layinku, nemi izinin mai shi, ɗauka da wayarka da rana, ka ɗora.

Wayata ba ta da ƙ, ɗ, ɓ. (Wani mai karatu)

Tana da su. Sa Gboard, allon rubutu na Google, ƙara Hausa a jerin harsuna. Wanda ya rubuta "karfe" yana nufin "ƙarfe" a muƙalar injiniyanci ba shi da uzuri.

Na gano sabuwar hanyar sanyaya ɗaki ba tare da wuta ba, na gwada ta yi aiki. Na rubuta a Wikipedia, an cire, an ce babu madogara. (Wani magini daga Bauchi)

Allah ya ƙara basira, Malam, kuma ina so in ji yadda ka yi. Amma Wikipedia ba ta karɓar binciken da ba a riga an wallafa shi a wani wuri amintacce ba, ko da gaskiya ne, domin mai karatu ba shi da hanyar tabbatarwa. Saƙon WhatsApp da rubutun Facebook ma ba madogara ba ne. Kai aikinka sashen gine-gine na jami'a ko kwalejin fasaha mafi kusa da kai, a auna zafin ɗakin da ma'auni, a rubuta a mujalla. Kafin nan, saninka yana da wurin aiki: nemi shafukan ginin ƙasa, tubali da azara, ka gyara sunayen kayan aikin da aka rubuta ba daidai ba. Inda za ka ƙara bayani, danna alamar madogara a wurin gyara, ka liƙa adireshin shafin ko lambar ISBN, wato lambar shaidar littafin da ake bugawa a bangonsa, manhajar za ta cike sauran da kanta.