Tambaya da Amsa: Daga ina mawaƙiya Poly Styrene ta samo sunanta?

Tambaya: Malam, barka da aiki. Na ji an ce mawaƙiyar Ingila Poly Styrene 'yar Afirka ce. Gaskiya ne? Kuma wane irin suna ne wannan? Daga wata mai karatu, Tudun Wada, Gombe.

Amsa: Malama, ta wajen uba haka ne, domin mahaifinta ɗan Somaliya ne. An haife ta a Bromley, kusa da Landan, a 1957, sunanta na yanka Marianne Joan Elliott-Said.

Said ɗin nan Sa'idunmu ne, daga Larabci, wato mai rabo. Turawa ba su da harafin ainun, shi ya sa rubutunsu ya haɗiye shi, har mai karatu ya kasa gane sunan. Marianne kuwa Marie ce aka haɗa da Anne, a wajenmu Maryamu da Hannatu ke nan.

Poly Styrene laƙabi ne da ta raɗa wa kanta, daga polystyrene, sunan farin soson nan marar nauyi da ake cusawa a kwalin sabuwar talabijin. Da gangan ta zaɓe shi, don waƙoƙinta suna sukar rayuwar kayan roba, a saya yau a yar gobe.

A 1976 ta kalli wasan Sex Pistols, wata ƙungiyar masu kiɗan punk ta Ingila, sai ita ma ta kafa ƙungiyar X-Ray Spex. Kiɗan punk gajere ne, da sauri da kururuwa, su kuma suka ƙara masa busar saksofon. Kundin waƙoƙinsu na farko ya fito a 1978, suka watse a 1979. Cutar kansar mama ce ta yi ajalinta a 2011.