Fulotin da ke bakin layin dogo: kotu ko sulhu?

Malam, ka ce ka sayi fuloti a gefen layin dogo ta hanyar Jogana, da takardar ciniki mai sa hannun mai unguwa da shaidu, ka kai gini linta, yanzu 'yan Reluwe sun shafa maka jan fenti sun ce ka tashi, kana tambaya ko ka kai su kotu. Kafin lauya, nemi safiyo tukuna.

Dalili kuwa, jirgi ya iso Kano tun 1911, aka miƙa layin Nguru a 1930, kuma tun lokacin aka yanki filayen gefen dogo aka sa su a taswira. Hukumar Jiragen Ƙasa da aka kafa a 1955 ita ta gaje su. Dokar filaye ta 1978 ta damƙa ƙasar jiha a hannun gwamna, amma sashe na 49 ya ware filayen gwamnatin tarayya da hukumominta. To abin da gwamna ma ba shi da ikon bayarwa, ina mai unguwa? Ko takardar mallaka ta gwamnatin jiha ce a hannunka, in ta hau kan filin Reluwe kotu na iya soke ta. Dillalai na yawan cewa gyaran tsarin mulki na 2023 ya mayar wa jihohi harkar jirgi. Ikon shimfiɗa nasu layin ya ba su, bai ba su filin tarayya ba.

Abin yi, ka ɗauki safiyo mai rajista ya auna kusurwoyi huɗun fulotin, ya fitar da lambobinsu, a ɗora su a kan taswirar ofishin babban safiyo na jiha, a kuma bincika fayil a KANGIS, wato hukumar da ke ajiye bayanan filayen jihar Kano. Kada ka yarda da awon ƙafa daga bakin ƙarfe. Faɗin filin ba ɗaya ba ne ko'ina: kusa da tasha, da inda aka yi rumbunan kaya ko gidajen ma'aikata, yakan buɗe sosai. Turakun simintin iyaka kuma sau da yawa an tumɓuke su ko bola ta binne su, rashin ganinsu ba hujja ba ce. Ka dakatar da magina yau, duk bulon da ka ƙara asara kake ƙarawa.

In awo ya nuna kana ciki, kada ka ɓata kuɗinka a shari'ar mallaka. Ka rubuta wa kamfanin da ke kula da kadarorin hukumar, wato RPMCL, ka nemi haya a rubuce, in wurin bai matse dogo ba. Kuɗi cikin asusun gwamnati za ka biya, ka riƙe rasit. Wanda ya ce ka ba shi a hannu zai "gyara maka", gobe in an canza masa wurin aiki ba ka da kowa. Amma ka sani, ranar da ka biya haya ka amsa cewa fili nasu ne, ba ka da bakin musu daga baya. Kuɗin cinikinka kuwa, wanda ya sayar maka za ka bi, shi ne ya sayar da abin da ba nasa ba, shaidun takardar nan a nan za su yi maka rana.

In kuma kana waje, sai lauya. Rikicin mallakar fili Babbar Kotun Jiha ake kai shi, ba ta tarayya ba, ko da hukumar tarayya ce a ciki. Inda aka fi faɗuwa shi ne sashe na 83 na dokar hukumar: sai an ba ta sanarwa a rubuce wata uku kafin a shigar da ƙara, kuma akwai wa'adin wata goma sha biyu daga ranar da abin ya faru. An tsallake wannan, sai a kori ƙarar ba a ko buɗe taswirarka ba. Don haka lauyan ya aika sanarwar a makon nan, ka ɗauki hoton fentin da ginin da kwanan wata, ka kuma ajiye asalin takardar tashi in sun ba ka.